Turkudin Mahaifina a Ma'aikatar Injin Kwafi

Na sauka daga jirgin ruwa a Ingila da akwati ɗaya a hannu, kafin azahar ta wannan rana kuwa babu shi.

Wani mutum ne mai hular hana-salla ya tare ni a gindin tsani. Ya kira sunana, ya kira sunan kamfaninmu na Kano, bai yi kuskure ba ko kaɗan. Ya ce shi aka aiko ya tarye ni, in tsaya nan kusa da ginshiƙi ya kai kayan mota ya dawo. Na yi masa godiya har da rusunawa. Sai da ƙafafuna suka yi sanyi a tsaye sannan na tuna cewa sunayen nan duka ni na rubuta su da farin fenti a jikin akwatin, manya-manya, don kada ya ɓace.

Ban yi kukan riguna ba. Abin da ya tsaya mini a rai shi ne ƙunshin da mahaifiyata ta haɗa a gida: yaji, daddawa, kuka, da ɗan man shanu da maƙwabtanta Fulani suka ba ta ta sa mini. Abin da ya tsira sai takarduna da ke aljihu, da wani turkudi da na naɗe a wuya saboda iskar teku. Mahaifina ne ya rina shi, ya kai mabuga aka buge shi har yana ƙyalli.

Mahaifina marini ne a Rano, kakana ma haka. Na tashi ina ganin ana rufe ramukan karofi ɗaya bayan ɗaya, domin yadin kanti ya cika kasuwa, ga kuma rinin gwangwani da ba ya bukatar rami. Shi da kansa ya zare ni daga bakin rami ya bari aka sa ni boko, abokan sana'arsa suna yi masa dariya. Daga makaranta na shiga wani kamfani a Kano ina gyaran tafireta. Da mulkin kai ya ƙarato, ofisoshi suka fara yawa, kamfanin ya yi shirin shigo da sabon injin da ke kwafe takarda yadda take, ba tare da an sake buga ta ba. Suna bukatar wanda zai riƙa gyara shi, sai suka zaɓe ni in je ma'aikatar da ake ƙera shi in yi shekara guda. Manaja ya gaya mini ba ɓoye-ɓoye: in na dawo ban iya ba, za su kawo Bature ya riƙe aikin. Mahaifina bai yi dogon jawabi ba. Ya miƙo mini turkudin ya ce, "Yakubu, ni na cire ka daga sana'a. Kada ka dawo mini da farin hannu." Mu marina in muka ce hannun mutum fari ne, ba yabonsa muka yi ba.

Wani ɗan sanda ne ya same ni a gindin ginshiƙin nan. Ya saurari labarina, ya girgiza kai, ya raka ni har tashar jirgin ƙasa, ya nuna mini taragon da zan shiga. A cikin jirgi wata mata mai goyo ta raba burodinta biyu ta miƙo mini rabi, ba ta ko dube ni ba, kamar mai jin kunyar kyautar. Na ga irin wannan kunya daga baya a wurin matan Buzaye a Agadas. Masu bayarwa da gaske kusan duk haka suke, kowane yare suke ji.

Garin ma'aikatar baƙi ne, ba don fenti ba, sai don hayaƙi. Na yi yawo daga ƙofa zuwa ƙofa ina neman ɗakin haya. Wasu su ce an kama ɗakin alhali allon tallan haya yana rataye, wasu su leƙo ta labule su ƙi buɗewa. Ƙofar da ta buɗe ta wata gwauruwa ce, Misis Dora, wadda mijinta ya mutu a yaƙi. Ta dube ni daga sama har ƙasa ta ce, "Ina kayanka?" Na gaya mata. Ta hau bene ta sauko da kwat ɗin mijinta, hannuwan sun fi nawa tsawo. Da na ce ba na cin naman alade, sai ta koma dafa mini ƙwai da kifi da dankali, kullum, babu barkono, babu komai sai gishiri. Ina ci ina godiya, ina tuna miyar kuka har idona ya kawo ruwa, ita kuma ta ɗauka tururin dankali ne.

Na zauna a Hartum bayan haka, inda rana ke dukan mutum kamar ta san laifinsa. Na zauna a Kumasi, inda ruwa ke zuba kamar da bakin ƙwarya. Amma a garin nan na fara ganin sama da ba ta yanke shawara, ba rana, ba ruwan kirki, sai yayyafi da ba ya shuka komai.

Ranar farko a ma'aikata aka kai ni wurin shugaban masu haɗa inji, Mista Kolin, wani jan mutum mai fensir a bayan kunne. Yana tafe yana magana, mutum uku suna binsa da takardu. Ya girgiza mini hannu ya ce, "Zagaya ka duba. In kana son wani abu, ka tambaya." Ya wuce.

Ni kuwa na san abin da wannan magana take nufi, ko kuma na ɗauka na sani. A karofi, yaron da aka kawo koyon sana'a ba ya tambaya. Yana ɗebo ruwa, yana tankaɗe toka, yana share bakin rami, idonsa yana satar kallo. Maigida yana lura da shi ta wutsiyar ido. In ya ga haƙurinsa ya nuna, wata rana sai ya ce, "Zo ka riƙe muciyar nan." Yaron da ya buɗe baki ya ce a koya masa, an gama da shi, sai a ce ba shi da tarbiyya. Saboda haka da Mista Kolin ya ce in tambaya, na ce a raina, gwaji ne, dattijo yana so ya ga ko ni mai gaggawa ne. Na duba na ga tsintsiya mai dogon hannu jingine a kusurwa, ƙasa kuma duk ɓarɓashin ƙarfe. Na ɗauka na fara shara.

Abin da ban sani ba shi ne, mai sharar wurin ya bar aiki a makon nan.

Haka kaka ta wuce. Ranar da aka sauke tutar Ingila a gida, ina riƙe da tsintsiya a Ingila. Ina shara, ina kai wa mutane shayi, ina goge teburori, ina zuwa kafin kowa. Mista Kolin in ya gifta ya ce, "Komai lafiya?" ni kuma in ce lafiya lau, don ban taɓa jin inda aka tambayi mutum lafiya ya ce babu ba. Mutanen ba su ƙi ni ba. Suna kirana Jek, suna ba ni alewa. Wani ma ya ce tun da aka gina wurin bai taɓa ganin ƙasa tana ƙyalli haka ba. Na ji daɗi, na ce an fara lura da ni.

Injin kuwa girmansa ya kai rumbun tsaba na ɗaki. A bayansa akwai wani ɗan allo na tagulla cike da lambobi a jere. Wata rana ina goge shi, na kai hannu zan ɗaga murfin gefe, sai wani saurayi ya ce, "A'a, Jek, kada ka taɓa ciki. Ka ga lambobin nan? Duk abin da ke ciki doka ta kare shi." Na janye hannu. Na ce to, ashe su ma suna da asiri, har sun yi masa hatimi sun manna. Wannan ya ƙara tabbatar mini cewa sai na yi bauta sosai kafin a buɗe mini.

Sanyi ya shigo, irin wanda ke shiga ƙashi ya zauna. Na riƙa naɗe turkudin a wuya a ƙarƙashin rigar aiki. Duk wanda ya san turkudi ya san yana zuba, wuyana da haɓata suka koma shuɗi. Misis Dora ta tsorata ta ce sai mun je wurin likita, jinina ne ba ya gudu. Lissafi kuma ya fara damuna. Rabin shekarar ya kusa tafiya, ban taɓa riƙe sukudireba ba. Da safe a hanyar aiki nakan ga fuskar mahaifina yana buɗe tafin hannuna yana dubawa.

A ƙarshen zauren akwai wani ɗan ɗaki inda ake gwada injin da aka gama haɗawa. Wani tsoho ne a ciki, siriri, mai farin gashi a tsaye, sunansa Imre. Ba Bature ɗan Ingila ba ne, daga ƙasar Hangari yaƙi ya koro shi, ba mata, ba ɗa. Shi kaɗai yake cin abincinsa, burodi da albasa. Turancinsa ya karye a ƙugu, nawa a gwiwa, shi ya sa muke gaisawa da ka kawai.

Wata rana na sunkuya ina share ƙarƙashin teburinsa, bakin turkudin ya zamo ya faɗo. Kafin in mai da shi, tsohon ya cafke. Ya murza shi tsakanin yatsu, ya dubi shuɗin da ya bari a fatarsa, sannan ya kai hanci ya shaƙa, ya rufe ido. Ya daɗe a haka har na fara jin nauyi.

"Wa ya rina wannan?" in ji shi.

"Mahaifina."

"A rami ko a tukunya?"

"A rami."

"Ubana ma a rami," ya ce. "Shuɗin zane yake yi wa matan ƙauye. Hannunsa shuɗi har nan." Ya nuna gwiwar hannu. "Da shi aka binne shi. Liman ɗin cocinmu ya ce a wanke, uwata ta ce ku gwada mana."

Na yi dariya, karo na farko tun saukata. Ya jawo kujera ya ce in zauna. Na tsuguna a ƙasa. Ya dube ni a tsugune, ya dubi tsintsiyar, sai na ga wani abu ya faɗo masa.

"Kai, ɗan marini. Ka daɗe kana ɗebo wa ubanka ruwa kafin ya ba ka sandar motsa rami?"

"Na daɗe, Malam."

"Ka taɓa ce masa ya ba ka?"

"Subhanallahi. A'a."

"Ni ma ban taɓa ba. Da na ce, da na sha mari." Ya nuna tsintsiyar da haɓa. "To wannan fa? Shara aka ɗauke ka, ko jira kake a kira ka?"

Na gaya masa abin da ya kawo ni, da abin da manaja ya ce, da abin da mahaifina ya ce. Tsohon nan ya fashe da dariya har tari ya sarƙe shi, ya riƙe gefen inji. Da ya lafa na ga idonsa ya jiƙe, ban sani ba ko na tarin ne.

"Yakob, Yakob. A nan ba mai kiranka. In ka shekara talatin kana shara, za su tara mutane su ba ka agogo, su ce ba a taɓa mai shara kamarka ba. Tashi ka je wurin Kolin ka gaya masa."

"Malam, ko za ka yi mini magana da shi?"

"A'a. Bakinka ne ya yi tsatsa, shi za mu fara gyarawa."

Na hau jirgin sama bayan haka, na tsaya gaban alƙali a ƙasar da ban ji yarenta ba, amma ban taɓa jin ƙafata ta yi nauyi kamar ranar da na ratsa zauren nan ba. Na tsaya gaban Mista Kolin na ce, idona a ƙasa, "Ranka ya daɗe, koyon gyaran inji aka aiko ni. Ina so a koya mini."

Ya cire fensirin daga kunne. Fuskarsa da ma ja ce, ta ƙara. "Kai ne na Kano? Na ɗauka wancan bai zo ba! To kai me ya hana ka magana duk watannin nan?"

"Ka ce in zagaya."

"Na ce ka tambaya!"

Ya dafe goshi. Ba mugu ba ne, kunya ce ta kama shi. Ya ce ba shi da ikon ƙara mini lokaci, ajin masu koyo kuma ya yi nisa, ba zan cim musu ba. Sai muryar Imre daga bayana: "Ba ni shi." Ashe ya biyo ni, yana tafe a hankali kamar mai neman wani abu da ya yar.

Washegari ya ɗaga murfin da aka hana ni taɓawa. A ciki akwai wata ganga mai sheƙi kamar madubi.

"A garinku ana ɗaure zane kafin a tsoma?"

"Mata ke ɗaurewa su kawo. Inda aka ɗaure, shuni ba ya shiga."

"Ubana wani kunu yake bugawa da hatimin katako, inda kunun ya zauna shuni ba ya shiga. To duk abu ɗaya ne. Gangar nan ita ce zanen. A cikin duhu ake shafa mata lantarki, ta riƙe. Sai a haska takardar da ake so a kwafa, hasken ya faɗo kan ganga. Inda takarda take fara, haske ya kore lantarkin. Inda rubutu yake, inuwa ce, lantarki ya zauna. Sai a zubo baƙin garin nan, ya manne inda lantarki ya rage kaɗai. Sabuwar takarda ta zo ta kwashe garin, wuta ta gasa shi ya kama. Ka gane? Rini ne, sai dai busasshe."

Na gane, har na ji haushin sauƙinsa. Na ce, "Malam, ba za a kama ka ba da ka gaya mini? An ce doka ta kare asirin."

Ya ce in shirya ran Asabar.

Ran Asabar da hantsi muka shiga jirgin ƙasa zuwa babban birni, ya kai ni wani laburare mai tsayin rufi. Ya kwafo lambobin allon tagullar nan a 'yar takarda, ya miƙa wa wata ma'aikaciya. Ba ta tambaye mu ko mu su wane ne ba. Ta kawo tarin takardu ta ajiye. Na buɗe, sai ga cikin injin gaba ɗaya a zane, kowane ƙarfe da lambarsa, da bayanin yadda yake aiki. Na waiga ko wani zai zo ya ƙwace.

"Ciniki ne tsakanin hukuma da mai ƙirƙira," in ji Imre. "Hukuma ta ce, ka bayyana asirinka duka a rubuce, kowa ya karanta. Mu kuma mu hana kowa ƙera shi ya sayar sai da izininka, har wasu shekaru. In sun cika, ya zama na kowa. Lambobin da ka ɗauka kwaɗo ne, adireshi ne."

Na tuna wani marini a unguwarmu da ya iya fitar da baƙi mai jan ƙyalli wanda ba wanda ya iya. Yana jiran haƙurin 'ya'yansa ya nuna, ciwon kwana biyu ya ɗauke shi, launin ya bi shi kabari. Mu muna ajiye sani a ƙirji mu ba wanda ya cancanta, wani lokaci mu makara. Su suna shanya shi a fili su kafa masa doka, amma mutum yana iya share ƙasa a gefensa rabin shekara ba wanda ya ce masa zo. Na zagaya duniya gwargwado, ban yanke wa ɗayansu hukunci ba har yau.

Imre ya zaro takarda ɗaya daga ƙasan tarin ya tura mini, yana kallon taga. Zanen wani ɗan siririn ƙarfe ne mai lanƙwasa kamar yatsa. A sama, ƙarƙashin sunan kamfani, ga sunansa.

"Takarda tana son manne wa ganga," ya ce. "In ba a ɓamɓare ta ba, ta cushe kusa da wuta ta kama. Injinan farko sun sha ƙona ofis. Wannan ɗan yatsan ke ɗaga bakinta. Ba wani abu ba ne."

"Naka ne?"

"Na kamfani ne. Sunan ne nawa."

"In shekarun sun cika fa?"

"Kowa ya ƙera. Takardar ta zauna a nan, ƙura ta ci." Ya ɗaga kafaɗa. "Ba ni da wanda zai zo ya nema."

Amma yau in ka shiga shagona a Kano, ko na waɗanda suka koya a hannuna, har wanda ya buɗe nasa a Kibiya, ka ce takarda tana cushewa, za ka ji an ce a duba yatsan Imre. Yawancinsu sun ɗauka sunan ƙarfen ke nan. Wanda ya tambaya, nakan zaunar da shi in gaya masa.

Takardar ta faɗi siffar yatsan da tsawonsa, amma ba ta faɗi yadda ake saita shi ba. In ya danna da yawa ya karce ganga, in ya yi sako-sako takarda ta wuce shi. Imre yakan kama babban yatsana ya ɗora a kan ƙarfen ya ce, "Ji. A'a, kada ka duba, ji." Haka mahaifina yake ɗanɗana ruwan rami da harshe ya san ko ya nuna. Kullum kuma sai ya tilasta mini tambaya. In na yi shiru ya ajiye kayan aiki ya harɗe hannu. "Ban ji komai ba. Kurma ne ni yau." Baƙin garin ya shiga layukan tafina da ƙarƙashin farce, sabulun Misis Dora ya gaza.

Azumi ya same mu a ƙarshen sanyi. Ban gaya masa ba, ya lura da kansa. Ya koma cin burodinsa a bayan kabad, yana tauna albasa a hankali wai don kada in ji, alhali warin ya cika ɗakin. Wata rana da za mu tashi ya tura mini ɗan gwangwani a aljihun kwat. Da na buɗe a gida lokacin shan ruwa, jan barkono ne daƙaƙƙe, irin na ƙasarsu, wanda wani ɗan garinsu ya kawo masa yana ta tattali. Bai kai yajin mahaifiyata zafi ba. Na barbaɗa a kan dankalin Misis Dora, na ci, wannan karon ban iya ɓoye mata cewa ba tururi ba ne.

Da lokacina ya cika, Mista Kolin ya sa aka lalata wani inji da gangan, ya kira ni, mutane suka taru. Aka kunna, takarda ta shiga ba ta fito ba, ƙauri ya tashi. Imre yana can baya yana goge tabarau, ya ƙi kallona. Na kashe injin, na juya wurin Mista Kolin na ce, "Kafin ya fara haka, kwafin yana fita da tabo, ko fes yake fita?"

Ya yi kamar zai amsa, sai dariya ta ƙwace masa. "Ku ji fa! Mutumin da ya yi rabin shekara bai tambayi inda ban-ɗaki yake ba!" Sannan ya ce fes yake fita. Na san ke nan ganga lafiya take. Na zura hannu na ɗora babban yatsa a kan ɗan ƙarfen, na ji ya yi sako-sako. Na saita shi ido rufe. Akwai wata waya kuma da suka sassauta, ita ta fi ba ni wuya, sai da gumi ya keto mini a cikin sanyin nan kafin na gano ta. Takarda ta fito da ɗumi kamar waina. Mista Kolin ya ɗaga ta sama, ya ce abin baƙin cikin kawai shi ne yanzu sai sun nemi mai shara.

Ranar da zan tafi na mai da wa Misis Dora kwat, ta ƙi karɓa, ta ce teku da sanyi. Na je ɗakin gwaji na kwance turkudin daga wuyana na ninke na ajiye a teburin Imre. Ya ce a'a, na ubanka ne. Na ce a wurinmu ba a barin malami hannu wofi, kuma shi ya koya mini in faɗi abin da nake so, to abin da nake so ke nan. Ya ɗauka ya naɗa a wuya a kan farar rigarsa, ya san kuwa abin da zai yi mata. Bai raka ni ƙofa ba. Da na waiga, ya juya baya yana ta goge gangar da ba ta da datti. Ban sake ganinsa ba.

Na iso Rano ana tsakiyar damina, duwatsu sun yi kore. Na sami mahaifina a karofi. Ramukan da ke da rai ba su fi a ƙirga da hannu ɗaya ba, sauran an rufe su da ƙasa, awaki suna kwance a kai. Ya tsufa fiye da yadda na bar shi. Na tsuguna muka gaisa, ya tambayi hanya, ya tambayi teku, ya tambayi ko Turawan suna lafiya. Sannan ya dubi wuyana.

"Ina turkudin?"

A hanya na ji daga bakin ƙanena cewa turkudin nan ne na ƙarshe da Baba ya kai mabuga, idonsa ba ya ba shi irin wannan aikin yanzu.

"Na bayar, Baba."

"Ka bayar. Wa ka ba?"

"Wanda ya koya mini aiki."

"Nasara?"

"E, Baba."

Ya jingine muciya, ya miƙo hannu ya kama nawa, ya juya tafin sama. Ya kai shi kusa da ido. Ya bi baƙaƙen layukan da farcensa, ya kankara, bai fita ba. Ya tofa ɗan yawu ya murza, bai fita ba. Sai ya shimfiɗa nasa tafin kusa da nawa, shuɗi da baƙi.

"Yana kamawa," ya ce. "Wane ne shi, mutumin?"

Na ba shi labari tun daga tsintsiya. Da na zo wurin agogo ya yi dariya har ya dafa ƙasa. Da na zo wurin uban Imre da aka binne da shuɗin hannu, ya daina.

"A rami yake yi?"

"A rami, Baba."

"Sake faɗa mini sunan."

Na faɗa. Ya maimaita, ya karkace, na gyara masa, ya sake, har ya zauna masa a baki. Ya ce Allah ya saka masa da alheri, ya sa ya gama lafiya. Sannan ya sake mini hannu ya ɗauki muciyarsa.

"To ai turkudin bai bar gida ba," in ji shi. "Tashi ka je ka gai da uwarka, tun jiya take daka yaji."